Kafin ka sauko da fayil ɗin DLL

Idan ka ɗora manhajar ƙirƙirarriyar basira a kwamfuta mai Windows, irin mai mayar da murya rubutu ko mai gyara hoto, sai ta ce ba ta ga cudnn64_9.dll ba, kada ka garzaya ka kwaso shi daga shafin da ba ka sani ba. Fayil ɗin DLL umarni ne da kwamfuta ke aiwatarwa kai tsaye, ta nan kuma ƙwayar cuta kan shigo.

Fayiloli irin cudnn64_9.dll su ke miƙa lissafin manhaja ga katin hoto domin aiki ya yi sauri. Na CUDA da cuDNN katin NVIDIA kaɗai suke yi wa aiki, kuma a shafin kamfanin ake samunsu. Lambar ƙarshen sunan ba ado ba ce: manhajar da ke neman 9 ba za ta gamsu da 8 ba, ko da ka canza masa suna. Wasu na yin haka, wahalar banza ce. Mai katin AMD ko Intel ya nemi manhajar da ke aiki da DirectML na Microsoft, wanda ya shigo Windows 10 a 2019, yana kuma karɓar katin da ke ɗaukar DirectX 12.

Wani lokaci ma manhajar ba ta tsayawa ko da ba ta ga fayil ɗin ba. Takan mayar da aikin kan furosesa, komai ya koma tafiyar hawainiya. Buɗe Task Manager ka duba ma'ajiyar katin yayin aikin. In ba ta motsa ba, fara da sabunta direban katin.