Ma'anar Hijira A Wurin Samarin Indunusiya

Bismillahir Rahmanir Rahim.

Hijira a asalinta ita ce ƙaurar Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, daga Makka zuwa Madina a cikin shekarar 622 Miladiyya. Amma malamai sun bayyana cewa tana da wata ma'ana, watau ƙaurace wa abin da Allah Ya hana. Wannan ma'ana ta biyu ita samarin ƙasar Indunusiya suka riƙa, har kalmar ta zama sunan wani yayi a tsakaninsu.

Ƙidayar shekarar 2020 ta nuna mutanen ƙasar sun kai miliyan 270, kusan 87 cikin ɗari Musulmi ne, fiye da rabinsu kuwa an haife su ne tsakanin 1981 da 2012. Ke nan inda samari suka karkata, nan ƙasar ta karkata.

A cikin 2015 wani malami da ya yi karatu a Azhar, Hanan Attaki, ya kafa ƙungiyar Pemuda Hijrah a birnin Bandung. Ya nufi 'yan babur da makaɗa da sauran waɗanda ba su saba da zaman masallaci ba, yana yi musu wa'azi da irin maganarsu, cikin irin tufafinsu. Masallatai suka cika. Abin lura ne cewa a ƙasar nan gwamnati ta hana ɗalibai mata sa lulluɓi a makarantunta a 1982, ba ta ɗage hanin ba sai 1991. Yanzu kuwa lulluɓi ya zama ado, har da kasuwarsa.

To, a nan ne ake bukatar hattara. Hadisin niyya, wanda Imam Buhari ya buɗe littafinsa da shi, misalin hijira ya kawo: mai ƙaura don abin duniya ko don auren wata mace ba shi da wani rabo sai abin da ya nufa. Sauya tufafi aikin yini ɗaya ne, amma sanin hukuncin tsarki da salla da ciniki sai an durƙusa gaban malami shekara da shekaru, kamar yadda ake yi a makarantun kwana da suke kira pesantren. Wanda wayar hannu ce kaɗai malaminsa, sau da yawa yakan yi saurin ganin laifin iyayensa.

Haka batun aure yake. Ƙungiyar Indonesia Tanpa Pacaran, wadda ita ma aka kafa a 2015, tana hana samartaka, tana kira ga aure. Manufar kyakkyawa ce, sai dai shari'a ta haɗa aure da ikon ɗaukar nauyinsa, wanda bai samu iko ba aka umurce shi da azumi. Dokar ƙasar ma a 2019 ta ɗaga shekarun auren mace daga 16 zuwa 19.

Shi kansa Hanan Attaki, a cikin 2023, ya yi mubaya'a a birnin Malang ya shiga Nahdlatul Ulama, ƙungiyar malaman pesantren da aka kafa tun 1926.