Wai Hannatu Sunan Yahudawa Ne? A Bincika Kafin Ranar Suna



'Yan'uwa, irin wannan tambaya tana yawan zuwa mini a nan Ketare, har daga Ƙanƙara da Faskari da Sabuwa. An yi wa mutum haihuwa, yana son ya mayar da sunan mahaifiyarsa Hannatu, sai wani ya duba waya ya ce ai sunan Yahudawa ne, wai bai halatta ba. Kafin kwana bakwai su cika, gida ya rabu biyu.

Na farko: gaskiya ne asalinsa daga Ibrananci yake, harshen Bani Isra'ila. Hanna suke cewa, ma'anarsa falala ko tagomashi. To ina aibin? Ibnu Kasir ya ambata a tafsirinsa cewa Hanna ne sunan mahaifiyar Nana Maryam. Haka Isma'ila, ma'anarsa Allah yana ji. Ishaƙa, zai yi dariya. Yusufu, zai ƙara. Zakariyya, Ubangiji ya tuna. Ɗaliban nahawu sun sani, baƙuntar waɗannan sunaye a Larabci ce ta hana a yi musu tanwini.

Na biyu: Manzon Allah (SAW) ya sa wa ɗansa Ibrahim. Shi ne kuma ya raɗa wa ɗan Abdullahi bin Salam suna Yusuf, ga shi uban babban malamin Yahudawa ne kafin ya musulunta. Ka ga ke nan harshe ba ya haramta suna. Abin da ake gudu shi ne mummunar ma'ana, ko bautar da yaro ga wanin Allah.

Na uku: kada ka ɗauki duk ma'anar da waya ta ba ka. Za ka ga an rubuta wai Maryam tana nufin tauraruwar teku. Ka san mafarin wannan? Wani malamin Kirista, Jerom, da ya rasu a shekara ta 420, shi ya fassara sunan da Latinanci da ma'anar ɗigon teku. Masu kwafe littattafai suka sauya harafi ɗaya tak, ɗigo ya zama tauraruwa. Har yau masana harshe ba su haɗu kan asalin kalmar ba. Zamakhshari kuwa ya fassara ta da mai ibada.

Na huɗu: a nemi ganin sunan da haruffan Larabci, domin boko yana ɓoye bambanci. Asiya matar Fir'auna, mumina, da alif sunanta ya fara. Asiya mai farawa da ain kuwa ma'anarta mai saɓo, irinta ce Annabi (SAW) ya canza zuwa Jamila, kamar yadda ya zo a Sahihu Muslim.

Don haka kafin a raba goro, tambayi malami abu uku: daga wane harshe sunan ya fito, me yake nufi a can, kuma su wa magabata suka sa wa shi. Yaron nan fa shi zai ɗauki sunan har kabari.

Allah ya raya mana zuriya bisa Sunna. Wallahu a'alam.