Minsharin Yaro: Ba Kullum Beli Ba Ne

'Yan uwana ɗalibai, ƙanena na shekara 5 ne ya sa na ɗauki alƙalami. A ƙauyenmu da ke kusa da Malumfashi, kowa ya san minsharinsa. Baki buɗe yake kwana, wani lokaci numfashi ya ɗauke, sai ya zabura. A makarantar allo kuwa ana cewa ba ya jin magana. Ashe da gaske kunnen ne ba ya ji sosai.

Inna ta ce beli ne. Aka kira wanzami ya cire. Yaro ya zubar da jini, ya kwana uku ba ya iya haɗiyar koko, minshari kuma na nan daram.

Da na koma hutu na ce, "Baba, don Allah mu gwada asibiti." Can likita ya nuna mana hoto ya ce matsalar adinoyid ce.

To, mene ne adinoyid? Wani ɗan nama ne a can bayan hanci, sama da ganɗa, wanda ba a ganinsa ko an buɗe baki. Shi ya sa ake ɗora wa beli laifi, don shi ido ke gani. Yana taya jikin yaro yaƙi da ƙwayoyin cuta. Yakan girma a ƙuruciya, sannan ya motse idan yaro ya doshi balaga. Idan ya kumbura da yawa sai ya toshe hanyar iska, ya kuma danne 'yar hanyar da ta haɗa maƙogwaro da kunne, ruwa ya taru a ciki. Ƙurar hunturu, ƙaiƙayin sussuka da hayaƙin itace kan ƙara toshe hancin. Yara masu sikila sun fi saurin samun wannan kumburi.

Ba kowa ake yi wa tiyata ba. Wasu maganin fesawa a hanci ya wadatar. Idan numfashi na ɗaukewa cikin barci ko ciwon kunne ya ƙi ƙarewa, sai a cire. Likitan ƙasar Danmak, Wilhelm Meyer, shi ya bayyana wannan cuta a 1868. Yau ana sa yaro barci, a cire naman ta baki ba tare da yanka fata ba, cikin kamar rabin awa. Yawanci cikin mako ɗaya ya warware. Idan jini ya ɓalle bayan an dawo gida, a koma asibiti nan take.

Akwai likitocin kunne, hanci da maƙogwaro a asibitin koyarwa na Shika, da na Malam Aminu Kano, da Cibiyar Kula da Kunne ta Ƙasa a Kaduna.

Ƙanena yanzu barcinsa shiru. Idan kun je gida hutun nan, ku ɗan saurari barcin ƙannenku kafin a aika kiran wanzami.