An Ce In Cire Shi a Raina, Ya Ƙi Fita

Wata 'yar'uwa ta rubuto tana cewa: "Tun ranar da zazzaɓi ya sa ɗana jijjiga a bara ban sake yin barci mai daɗi ba. Ya warke sarai, yana wasansa, amma zuciyata ba ta daina ce mini zai mutu ba. Cikin dare sai in tashi in kara hannu a hancinsa in ji ko yana numfashi. Na daina zuwa biki da suna, na hana shi zuwa Islamiyya. Maigidana da mahaifiyata kullum cewa suke in cire abin a raina, in yi tawakkali. Wallahi ina ƙoƙari, amma kamar ƙara shi nake yi. Ko imanina ne ya yi rauni?"

'Yar'uwa, Allah ya ƙara wa yaro lafiya, ya raya miki shi. Abin da kika lura da shi gaskiya ne: ƙoƙarin korar tunanin yana cikin abin da ke ƙara masa ƙarfi. Maigida da Mama alheri suke nufi, sai dai sun ɗora miki aikin da ƙwaƙwalwar ɗan'adam ba ta iya yi, kuma da kika kasa sai kika ɗauka laifinki ne.

A 1987 wani masanin halayyar ɗan'adam ɗan Amurka, Daniel Wegner, ya gwada wannan a kan ɗalibai. Ya ce da su na tsawon minti 5 su riƙa faɗin duk abin da ya zo musu a rai, amma kada su kuskura su tuna farin beyar, wato dabbar nan ta ƙasashen ƙanƙara. Duk wanda ya tuna ta, ya kaɗa ƙararrawa. Ƙararrawa ta yi ta kaɗawa. Da aka sake su aka ce yanzu su tuna ta yadda suke so, sai ta fi addabar su fiye da waɗanda tun farko ba a hana su ba. Dalilin a fili yake. Kafin ki tabbatar ba kya tunanin wani abu, dole wani sashe na hankalinki ya riƙa leƙawa yana dubawa ko abin ya dawo, kuma wannan leƙen shi kansa tunawa ne.

Abin da ya fi damuna a wasiƙarki shi ne abin da gudun tunanin ya ci miki. Duk lokacin da kika tashi kika kara hannu a hancin yaron, hankalinki yana kwanciya na ɗan lokaci. Wannan ɗan sauƙin sai ya koya wa ƙwaƙwalwa cewa dubawar ce ta hana masifa, don haka gobe za ta nemi a duba sau biyu. A haka barci ya tafi, zumunci ya tafi, karatun yaro ya tsaya, fargabar kuma tana nan inda take. Haka yake faruwa da saurayin da ke shan ƙwaya don ya manta da rashin aiki, da magidancin da ke latsa waya har asuba don kada ya tuna bashi, da dattijon da ke maimaita alwala har jam'i ya wuce shi. Garin neman gira an rasa ido.

Akwai wata hanyar magani da aka gina a kan wannan fahimta. Steven Hayes, wanda ya koyar a Jami'ar Nevada ta Amurka, shi ya fara tsara ta tun shekarun 1980, kuma shi kansa ya sha fama da matsanancin firgici mai zuwa kwatsam. A 1999 shi da Kirk Strosahl da Kelly Wilson suka fitar da littafin da ya bayyana ta. A taƙaice ana ce mata ACT, kuma ƙafa biyu take tsaye a kai: karɓar abin da ke faruwa a cikin zuciya, da ɗaura ɗamarar aikata abin da ke da muhimmanci a wurinki ko da zuciyar ba ta yi shiru ba.

Ina so ki fahimci karɓar nan da kyau, don an sha yi mata mummunar fassara. Ba a ce ki yarda tunanin gaskiya yake faɗa ba, ba a kuma ce ki so shi ba. Matar da ake duka a gidan aure, ko ma'aikacin da ake danne wa haƙƙi, ba su ake cewa su karɓa su yi shiru ba. Abin da ke waje kuma ake iya canzawa, tashi ake yi a canza shi. Karɓar da ake nufi ta shafi abin da ke cikin ƙirji ne kawai: ki bar tunanin ya zo, ki san ya zo, ki daina kokawa da shi, ki kuma ƙi bin umarninsa.

Game da tambayarki ta imani, malamai sun fi ni sani, amma abin da ya tabbata a Bukhari da Muslim shi ne ba a kama bawa da abin da zuciyarsa ta raya masa matuƙar bai furta ko ya aikata ba. A Muslim kuma an ruwaito cewa wasu sahabbai sun kai kukan munanan tunanin da suke jin nauyin faɗa, Manzon Allah (SAW) ya nuna musu cewa ƙyamar da suke yi wa abin alamar imani ce. Fiye da shekara 1,000 da suka wuce malamin nan Abu Zaid al-Balkhi ya yi rubutu a kan lafiyar jiki da ta rai, ya sa waswasi cikin cututtukan da ake yi wa magani. Uwar da ta ga ɗanta yana jijjiga a hannunta, in zuciyarta ta tsorata, ƙauna ce ta jawo. Ki sauke wannan laifin daga kanki tukuna, ki ci gaba da addu'arki.

To, me za ki yi? Ki fara da canza yadda kike faɗin tunanin. Idan ya zo cewa "zai mutu", ki ce a ranki, a hankali: "Ga tunanin nan ya zo cewa zai mutu." In kina so ki ƙara: "Na lura zuciyata tana ba ni labarin nan na asibiti." Kamar wasa ne, amma ki gwada ki ji. "Zai mutu" kaɗai tana zuwa kamar sanarwa, sabuwar jimlar kuwa tana tuna miki cewa magana ce zuciya take yi. Ki tuna tashar mota: 'yan kamasho suna ta kira, wannan Zariya, wancan Katsina, wani har ya riƙe miki jaka. Kina jin su sarai, ba ki da ikon rufe musu baki, ba kya kuma tsayawa musu da su. Motar garin da za ki kawai kike shiga. Kada ki shiga gardama da tunanin, kina kawo masa hujja cewa yaron lafiyarsa ƙalau, domin duk hujjar da kika kawo zai ce miki "in kuma fa?"

Sai jiki, don fargaba a jiki take sauka. A ce ƙarfe 3 na dare ne, kin farka gabanki yana faɗuwa, ƙafarki har ta fara neman ƙasa za ki wurin yaron. Ki zauna a bakin gado. Ki danna tafin ƙafafunki a kan tabarma ko siminti har ki ji sanyinsa. Ki fitar da numfashi a hankali har ya ƙare, ki bar shi ya shigo da kansa, kamar sau uku. Idonki a buɗe, ki ambaci abin da kike gani: labule, ƙofa, hasken da ke shigowa ta ƙasan taga. Ki saurara: ƙarar fanka, janareton maƙwabta, zakara daga nesa. Sannan ki nemi inda tsoron ya zauna. A ƙirji ne, ko a ciki, ko a maƙogwaro? Nauyi ne ko zafi? Ina ya fara, ina ya tsaya? Ki ɗora tafin hannunki a wurin kamar yadda za ki ɗora wa yaron in shi ne ke jin ciwo, ki yi numfashi ki bar abin ya zauna. Zai hau, ya yi tsanani, yawanci kuma ya sauka da kansa. Amma ki kiyaye, in kin yi wannan don ki kori tsoron, kin koma kokawar da muka baro. Manufar ita ce hankalinki ya dawo ɗakin da kike, ke ki zaɓi abin da za ki yi na gaba.

Wannan dawo da hankali ga abin da ke gabanki horo yake so, kuma da rana ake yin sa lokacin da ba a cikin tashin hankali. Jon Kabat-Zinn ne ya shigar da shi asibiti a 1979 a Jami'ar Massachusetts, cikin shiri na mako 8 don masu ciwon da ya ƙi ci ya ƙi cinyewa. Ya samo shi ne daga tsarin zuzzurfan tunani na mabiya addinin Buddha, ya cire masa ɓangaren ibada; na faɗa ne don ki sani. Abin da ake nema a wurinki ba ya buƙatar wani zama na musamman ko wata kalma da za ki maimaita. Ki zaɓi aiki ɗaya da kike yi kullum, a ce wanke shinkafa. Ki ji sanyin ruwan a yatsunki, ki ga yadda yake yin fari, ki ji ƙarar tsakuwa a gindin kwano. Hankalinki zai gudu, tabbas, ya tafi asibitin bara ko kuɗin makaranta. Da kin lura ya tafi, ki dawo da shi ba tare da faɗa ba. Dawowar nan ita ce horon, ko sau nawa ta faru. Duk mai neman natsuwa a salla ya san wannan aikin.

Ƙafa ta biyu ita ce mutane suka fi mantawa, kuma a ganina ita ce ta fi nauyi. Ki tambayi kanki: wace irin uwa nake so yaron nan ya tuna? Na tabbata ba za ki ce wadda ta kulle shi a ɗaki ba. Wataƙila za ki ce mai tausayi, mai tarbiyya, wadda ta tsaya ya yi karatu. To ki ɗauki mataki ɗaya ƙarami a wannan makon. Ki sa masa kayansa, ki riƙe hannunsa ki kai shi Islamiyya da kanki, gabanki yana faɗuwa, tunanin yana ta magana. Kada ki jira sai tsoron ya tafi, don jiran nan ne ya cinye miki shekara. Dubawar dare kuma ki rage ta kaɗan-kaɗan: in zuciya ta ce tashi, ki jinkirta minti 10, bayan kwanaki ki ƙara.

Wannan bai hana kula ta gaskiya ba. Ki sa shi a gidan sauro. In jikinsa ya yi zafi, a kai shi a gwada jini. Jijjigar da zazzaɓi ke jawowa ta fi samun yara daga wata 6 zuwa shekara 5, kuma mafi yawanta ba ta barin illa. In ta sake faruwa, a kwantar da shi a gefensa, kada a cusa masa cokali ko a ɗura masa komai, a tafi asibiti. Duk tunanin da ya zo, ki auna shi da tambaya ɗaya: akwai abin yi yanzu? In akwai, ki yi. In babu, ki ambace shi da sunansa ki koma kan aikinki.

Kada ki ɗauka hanyar ACT ɗin nan maganin 'yan boko ne masu hali. Hukumar Lafiya ta Duniya ta tsara wani shiri a kan wannan hanya, aka gwada shi a arewacin Uganda a kan mata kusan 700 'yan gudun hijira daga Sudan ta Kudu. Zama 5 ne na awa 2, ana sauraren darasi da aka naɗa da Larabcin Juba, masu jagorancin kuma ba likitoci ba ne. Sakamakon da aka buga a 2020 ya nuna bayan wata 3 damuwarsu ta ragu fiye da ta waɗanda ba su shiga ba. A shekarar ce kuma hukumar ta fitar da ɗan littafi mai zane na waɗannan darussa, kyauta a intanet. Duk da haka ba na so in yi miki zuƙu: bincike bai nuna wannan hanya ta fi sauran ingantattun hanyoyin magani ta tattaunawa ba, kusan kafaɗa da kafaɗa suke, kuma wanda ya ga tashin hankali mai tsanani, rufe ido ya nutsa cikin kansa kan iya tayar masa da abin. Shi ya sa na ce idonki a buɗe.

Akwai kuma inda shawarar jarida take tsayawa. In kin yi mako 2 ko fiye cikin baƙin ciki, abinci ba ya ciyuwa, ba abin da ke miki daɗi. In dubawar ko wanke-wanke ko maimaita ibada suna cin awanni a rana. In kina jin muryoyin da wasu ba sa ji. Ko in tunanin raba kanki da duniya ya fara zuwa, to ki ga likita ba tare da jinkiri ba, na ƙarshen nan ma a ranar. Akwai asibitocin ƙwaƙwalwa na tarayya a Kaduna da Maiduguri da Kware ta jihar Sakkwato, akwai na Dawanau a Kano, asibitocin koyarwa ma suna da wannan sashe. Tunda naki ya kai shekara yana hana ki barci, ina ba ki shawara ki je ko da waɗannan alamomin ba su bayyana ba.

Maigida, kalma ɗaya gare ka. In ta farka cikin dare, kada ka ce ta cire shi a ranta. Ka tashi zaune kusa da ita, ka tambaye ta abin da zuciyar take faɗa mata, ka saurara har ta gama. Ranar zuwa asibiti kuma ka raka ta.