Sosej Na Amurkawa Da Yadda Ake Yinsa A Gida

Kowace ƙasa da irin dabarar da mutanenta suka koya ta sarrafa nama don kada ya lalace. A ƙasar Hausa akan yi kilishi, akan kuma yi banda. Mutanen Turai kuwa tun zamanin da sai su daddatsa nama ƙanana ƙanana, su zuba masa gishiri da kayan yaji, su ɗura shi cikin hanjin dabba, su rataye a hayaƙi. Wannan shi ake kira sosej. Iri-irinsa suna da yawa ƙwarai, amma wanda ya fi suna a duniya shi ne wani siriri, ja-ja, mai laushi, wanda tsawonsa bai cika kai taƙi guda ba. Akan tsaga burodi dogo a kwantar da shi a tsakiya, a ci da hannu. Amurkawa suna kiransa "hot dog", watau "kare mai zafi". Kada sunan ya tsorata kowa, babu naman kare a ciki. Laƙabi ne na ba'a da ya bi shi tun kafin shekarar 1900.

Asalinsa daga Turai ne. Birane biyu ne suka shahara da shi, Frankfurt ta ƙasar Jamus da Vienna ta ƙasar Ostiriya, har yau kuwa akan kira shi da sunayensu. Jamusawan da suka yi ƙaura zuwa Amurka su suka tafi da shi can. Wani daga cikinsu, Charles Feltman, ya yi suna wajen sayar da shi a Coney Island, wani wurin shan iska a bakin teku a birnin New York. A shekarar 1916 wani yaronsa mai suna Nathan Handwerker ya buɗe tasa rumfar, yana sayar da guda ɗaya santi 5, rabin kuɗin da ubangidansa ke karɓa. Abin ya zama abincin talaka da mai kuɗi duka. A shekarar 1939, da Sarkin Ingila George na Shida ya kai ziyara Amurka, har da shi cikin abincin da Shugaba Franklin Roosevelt ya sa aka kawo masa.

A Jamus da naman alade aka fi yinsa. Amma Yahudawan Amurka ba su cin alade, saboda haka mahautansu suka riƙa yi da naman shanu zalla, irin nasu kuma ya karɓu ƙwarai a New York da Chicago. Na naman shanun shi za a bayyana a nan.

Yawancin mutane a kanti suke sayensa. To, me ya sa waɗansu ke ɗora wa kansu wahalar yi a gida? Dalilin shi ne, nama in an niƙe shi lukui ba mai iya duba shi ya faɗi abin da ke ciki. A shekarar 1906 wani marubuci, Upton Sinclair, ya fitar da littafi yana bayyana ƙazantar da ake yi a manyan mahautan Chicago na lokacin. Hankalin jama'a ya tashi, a cikin shekarar nan kuwa gwamnati ta kafa dokar duba nama. Yanzu akwai ma'aikata masu sa ido, amma duk da haka akwai masu cewa abin da hannunka ya zuba, shi ka sani.

A ɗauki misalin wani magidanci a Chicago, wanda ya yi niyyar yin sosej shi da 'yarsa ƙarama. Da ya je wurin mahauci sai ya sayi tsoka giram 750 da kitse giram 250, kilo guda ke nan. Ya kuma sayi hanjin tumaki, wanda aka riga aka kankare, aka wanke, aka adana cikin gishiri. Da suka koma gida ya cire jijiyoyin da ke jikin tsokar, ya yanyanka naman gunduwa-gunduwa. Bai fara niƙa ba tukuna. Sai ya sa naman cikin gidan ƙanƙara na firij har ya fara sandarewa. Ba naman kaɗai ba, har wuƙar injin niƙa da kwanon da za a tara a ciki, duka ya sa su suka yi sanyi.

Yarinyar ta yi mamaki, ta ce, "Baba, ai dafa shi za mu yi. Don me za a sanyaya abin da za a kai wuta?"

Uban ya ce, "'Yata, kin taɓa ganin mai ya gauraya da ruwa?"

Ta ce, "A'a, kullum man yana tasowa sama."

Ya ce, "To, yau sai mun sa sun zauna tare, sanyi ne kuma zai taimake mu."

Gaskiya ya faɗa mata, nan ne kuwa asirin aikin duka yake. A cikin tsoka akwai wani sinadari mai danƙo. Idan aka zuba gishiri aka cuɗa, gishirin yakan jawo sinadarin nan waje, shi kuma sai ya lulluɓe kowane ɗan ƙanƙanen kitse, ya riƙe shi tare da ruwa. Amma hakan ba ya yiwuwa sai kitsen yana da tauri. Injin niƙa yana ɗumama abin da yake niƙawa. In naman ya yi ɗumi, kitsen sai ya fara narkewa, danƙon ya kasa riƙe shi. Ba a ganin ɓarnar nan take. Sai an zo dafuwa man zai tsiyaye ya taru ƙarƙashin fata, naman ciki kuwa ya bushe ya yi ɓarɓashi kamar dusa. Aikin yini guda ya tashi a banza ke nan, babu kuma hanyar gyara shi.

Saboda haka magidancin ya niƙa naman sau biyu, da fari ta faifan ƙarfe mai manyan huda, sa'an nan ta mai ƙanana, yana mayar da shi firij tsakanin niƙa da niƙa. Ya ɗauko ma'auni ya auna gishiri giram 18. Ya haɗa da tafarnuwa, da masoro, da garin jan tattasai, da 'yar gyaɗar ƙamshi, da sukari kaɗan. Bayan wannan ya ɗauko wata 'yar kwalba daga can saman kanta, inda hannun yara ba ya kai. Abin da ke ciki gishiri ne, amma launinsa ruwan hoda. Ya auna giram 2.5 daidai, ya sake duba ma'aunin, kana ya zuba.

Wannan gishiri yana da labari mai ban tsoro. A zamanin da, a wani yanki na kudancin Jamus da ake kira Württemberg, mutane sukan ci sosej su kwana lafiya, kashegari fatar idonsu ta saki, su riƙa ganin abu ɗaya ya zama biyu. Daga nan haɗiya ta gagara, numfashi ya yi wuya, da yawa kuwa su mutu. Wani likita na yankin, Justinus Kerner, ya bi diddigin cutar, ya yi rubuce-rubuce a kanta tsakanin 1817 da 1822. Ya gane guba ce a cikin sosej, amma bai ga abin da ke haifar da ita ba. Sai a shekarar 1895 aka samo bakin zaren, sa'ad da waɗansu makaɗa a wani ƙauye na ƙasar Beljiyam suka ci naman da aka adana da gishiri, suka kamu, uku suka mutu. Wani masani mai suna Emile van Ermengem ya bincika naman, ya tarar da ƙwayar cutar. Sunan da likitoci ke kiran cutar da shi, botulizim, daga kalmar sosej ta harshen Latin aka samo shi.

Ƙwayar nan a cikin ƙasa take zama, ba ta kuma tsira sai inda babu iska. Cikin sosej babu iska, ga danshi, in an rataye shi a hayaƙi kuma ga ɗumi. Wuri ne da ya yi mata daidai. Gishirin nan mai launi yana ɗauke da wani sinadari da ake kira naitarait, shi ke hana ta tsira. Shi ne kuma ke sa naman ya zauna ja-ja bayan dafuwa, in ba don shi ba da toka-toka zai fito. Amma shi kansa guba ne in ya yi yawa. Don haka masu yinsa suke rina shi, kada wani ya ɗauka gishirin miya ne. Ba a ɗibarsa da cokali bisa kintace, ba kuma aikin yara ba ne.

Magidancin ya juye naman da kayan haɗin cikin wani inji mai wuƙaƙe masu juyawa da sauri. Yana niƙawa yana zuba dakakkiyar ƙanƙara kaɗan kaɗan, har giram 200. Yarinyar aka ba ma'aunin zafi ta riƙe. Duk bayan ɗan lokaci sai uban ya tsai da injin, ta soka ma'aunin ta karanta masa, gama bai yarda zafin ya kai digiri 15 ba. Da naman ya zama lukui, mai sheƙi, yana manne wa cokali ko an kifa shi, sai ya tsaya. Ya ɗebi kaɗan ya soya, suka ɗanɗana don su ji ko gishiri ya yi, tun da yake in an riga an ɗura ba dama a ƙara.

Hanjin kuwa tun da safe aka jiƙa shi a ruwa, aka zura masa ruwa ta ciki don gishirin ya fita. Hanjin tumaki siriri ne, ba shi da wuyar yagewa, sai da lallashi. Uban ya tattara shi a jikin bututun injin ɗuri, kamar yadda ake tattara safa a ƙafa. Yarinyar na juya mariƙin injin a hankali, shi kuma yana tare hanjin da yatsu yana sakinsa kaɗan kaɗan. In an cika shi tam zai fashe wajen murɗawa, in kuma an bar shi sako-sako zai yamutse. Sau biyu ya fashe musu, suka yanke, suka ɗaure, suka ci gaba. Da suka gama ya bi shi yana matsewa yana murɗawa a kowane santimita 15, wannan gaɓa ya murɗa ta gaba, mai bi mata ya murɗa ta baya, don kada su warware. Inda ya ga kumfar iska sai ya huda da allura mai tsabta. Suka jera a firij suka bar shi ya kwana, fatar ta sha iska, gama hayaƙi ba ya kama jiƙaƙƙen abu sosai.

Kashegari ya rataye su cikin wani akwatin ƙarfe a bayan gida, ya turara musu hayaƙin itacen tuffa kamar awa biyu, da wuta ƙasa-ƙasa. Ba a amfani da itace mai ƙaro, don yana sa ɗaci. Daga nan ya tsoma su cikin ruwan zafi mai digiri 80. Bai bari ruwan ya tafasa ba, domin tafasa tana fasa fata ta kori mai. Ya soka ma'aunin zafi a tsakiyar guda ɗaya, da ya ga ya kai digiri 71 ya san sun nuna har ciki, sai ya kwashe ya zuba su cikin ruwan ƙanƙara don dafuwar ta tsaya, fatar kuma ta ɗame.

Kada a ɗauka sosej ɗin nan kamar kilishi yake. Kilishi ya bushe, yana iya daɗewa a ajiye. Wannan kuwa cike yake da ruwa, dole ya zauna a firij a cinye shi cikin 'yan kwanaki, in kuma ana so ya daɗe sai a daskarar da shi.

Da yamma suka gasa huɗu bisa garwashi, suka sa cikin burodi, suka zuba yankakkiyar albasa da tumatir da wani yaji rawaya da ake kira mustad. Mutanen Chicago ba su yarda a zuba masa jan romon tumatir na kwalba ba, har sukan yi wa mai zubawa dariya. Yarinyar ta gatsa, ta ji fatar ta yi ƙas a haƙorinta. Ta ce na kanti ba ya yin haka. Uban ya gaya mata dalili. A shekarar 1925 wani mutumin Chicago, Erwin Freund, ya ƙago wata riga ta sinadarin itace wadda ake ɗura nama a ciki maimakon hanji, in ya dahu a saɓule ta a yar. Yawancin na kanti haka ake yinsu, shi ya sa ba su da fata.

Tambayoyi

1. Daga waɗanne birane biyu ne sosej ɗin nan ya samo sunayensa?
2. Me zai faru in naman ya yi ɗumi sa'ad da ake niƙa shi?
3. Don me ake rina gishirin da ke hana ƙwayar cuta tsira?
4. Kilo 2 na nama, giram nawa na tsoka da giram nawa na kitse za a saya?
5. Me ya sa kilishi ke daɗewa a ajiye, sosej kuwa ba ya daɗewa?